Tafkin da Ya Rataya a Saman Dannet

Godiya ta tabbata ga Wanda ya ɗaga sama ba tare da ginshiƙi ba, tsira da aminci su tabbata ga fiyayyen halitta. Bayan haka, wannan kaɗan ne daga karamomin shaihinmu, fitilar Abzin, masanin Allah, mai tsantseni da gudun duniya, wanda manyan malaman Agadas suke aiko wa da mas'alar da ta gagare su, alhali bai mallaki komai ba sai buzu da buta da wata akuya mai gardama, Allah ya ƙara masa yarda.

A shekarar da kumandan Turawa ya kwashe raƙuman zangon Dannet domin sojojinsa, damina ta ƙi zuwa, rijiyoyi suka koma laka, sai ga wani abu da ko tsofaffi ba su san sunansa ba. Da rana ta take tsaka, sai tafki ya buɗe a sararin sama ta yamma, shuɗi, a kife, da itatuwan dabino suna reto kai ƙasa, ruwan yana kaɗawa amma ko ɗigo ba ya sauka. Duk wanda ya dube shi, mutum ko dabba, sai ya saki abin da ke hannunsa ya bi shi, haɓa a sama, baki a buɗe, ba ya jin kira, ba ya jin ƙaya, har ƙishirwa ta kayar da shi. In an ɗaure shi, ya yi ta fizga ke nan har igiya ta shiga nama.

Kumandan ya aiko gardi, wato dogarinsa, ya kwantar wa mutane da hankali. Gardin ya hau dutse ya ce da gurguwar Hausarsa, "Kumandan ta ce babu ruwa, zafin rana ne. Kowa ta koma aiki. Ga shi, ni zan duba." Ya duba. Jar hularsa kaɗai aka tsinta a hanyar Anu Araren.

Shaihinmu kuwa abu ɗaya ya ce: "Ku dubi inda za ku sa goshi." Mutane suka koma tafiya kai a sunkuye kamar masu neman allura.

Wadda ta fi kowa fargaba ita ce Tata, matar Illi, domin mijinta shi ne mai duban hadari na zangon. Tun yana saurayi, shi ke ɗaga kai ya ce ruwa ya sauka a kwari kaza, sai a naɗe bukkoki a kora dabbobi can. Ƙanensa Akoli ya riga ya bi tafkin tun jiya, ga kuma jaririya a bayan Tata. Sai ta ɗinke masa rawani ya rufe har girarsa.

"Ke, na zama jakin niƙa?" in ji shi.

"Jaki ya fi ka jin magana. Wuyan nan naka ko na raƙumi bai kai shi son sama ba. In ka ɗaga shi, ni da 'yarka mu ci me, gajimare?"

Ya yi dariya, ya yi alkawari. Amma da tsakar rana wata iska mai sanyi ta taso da ƙamshin ƙasar da ruwa ya taɓa, wuyan da ya saba bai yi shawara da mai shi ba. Tata tana tsaye ta ga hannunsa ya ture rawanin, ta ga gugan da yake ja ya suɓuce cikin rijiya, ta ga mijinta ya nufi yamma, da waɗansu maza a bayansa waɗanda suka ɗaga kai don sun ga ya ɗaga, kamar yadda suka saba.

Ta bi shi tana kallon dugadugansa. Tata mace ce da ba wanda ba ta iya muryarsa ba. Da ita ake dariya a bakin rijiya. Ta kira shi da muryarta. Ta kira shi da muryar uwarsa mai rasuwa, "Illi, ɗan nema, dawo nan." Ta yi tsawa irin ta kumandan, ta yi kukan taguwarsa da aka ƙwace, ta mintsini jaririyar don ya ji. Ƙafarsa ba ta ko sassauta ba. Da muryoyin suka ƙare, sai ta juya ta faɗi gaban buzun shaihi, ba ta iya cewa komai ba sai, "Malam."

Ya dubi inuwarsa a ƙasa, ya ce, "Azahar ta yi."

Bai yi gudu ba, bai kira sunan kowa ba. Ya buga tafukansa a ƙasa ya yi taimama, ya fuskanci gabas, ya ba masu tafiyar baya, ya tada iƙama da muryarsa ta kullum wadda ba ta wuce sahu biyu, ya yi kabbara. Tata ta rantse cewa kabbarar nan a cikin ƙirjinta ta ji ta, ba a kunne ba. Can nesa mazan suka tsaya cak, suka juyo a hankali, idanu har yanzu a sama. Da ya yi kabbarar ruku'u, gadon bayan mazan, da ya saba sunkuyawa tun yarinta, ya sunkuya. Da ya kai goshi ƙasa, suka kai. Shaihi ya daɗe a sujadar nan har duwatsu suka fara inuwa, kuma da ya ɗago, ba komai a sama sai rana.

Illi ya dawo da ƙafafu jina-jina. Bai sake ɗaga kai ba har ya koma ga Allah, zangon ya rasa mai nuna masa inda ruwa ya sauka, sauran awakin suka mutu a daminar da ta biyo, mutane suka watse cikin garuruwa. Tata ba ta ƙara kwaikwayon kowa ba.

Akoli kuwa, masu neman gawa sun same shi a nisan da raƙumi ke yini bai kai ba. Sawunsa ya miƙe yamma, amma a ƙarshensa ya juya. Yana durƙushe, fuska gabas, goshi a ƙasa.

Aka faɗa wa shaihi. Ya ce, "Ya samu jam'i."

Allah ya haskaka makwancin wannan bawa nasa, ya ba mu albarkarsa, ya sa kabbararsa ta riske mu a duk inda muka yi nisa. Amin.