Muryar Baba Mai Lema

Akwai wani mutum a Fagge mai suna Dabo, wanda rabin Kano sun san muryarsa amma ba su san fuskarsa ba. Sana'arsa fassarar fim ɗin Indiya. Shi ne yake shiga ɗan ɗakin nan na situdiyo, ya tsaya gaban makirfo, ya ɗora Hausa a bakin mutanen da ba su taɓa jin ta ba.

A cikin duk 'yan wasan da ya yi wa murya, akwai ɗaya da ya zame masa kamar ɗan uwa. Wani dattijo ne ɗan jihar Kerala, can kudancin Indiya, inda ake yin fim da harshen Malayalam. Sunansa Kesavan Thottil, amma wa zai tsaya karya harshensa? Mutanen Kano suka raɗa masa Baba Mai Lema, saboda duk fim ɗin da ya fito, da baƙar lemarsa a hammata.

Shekara arba'in dattijon nan yana fim, bai taɓa fitowa a jarumi ba. Yau shi ne mai shayi, gobe mai tuƙa kwale-kwale, jibi uban yarinya. Amma da ya bayyana za ka ji ɗaki ya ɗauka: “Ga Baba nan!”

To, ga abin da mutane ba su sani ba. Dabo ba ya jin Malayalam ko kalma ɗaya, Turancinsa kuma bai wuce na gaisuwa ba.

Mai yin ainihin fassarar wani ne, Boniface, mai gyaran talabijin a Sabon Gari. A nan aka haife shi, Hausa a bakinsa kamar jakin Kano. Shi yake zama ya karanta Turancin da ake rubutawa a ƙasan hoto, ya juya shi zuwa Hausa layi-layi a littafin makaranta. Inda ɗan wasa ya yi shiru kuwa, sai ya ɗauki jan biro ya rubuta: “Nan a yi shiru.”

Shekara tara suna haka. Farkon kowane fim za ka ji an ce: “Fassarar Boniface, muryar Dabo Fagge.”

Sai suna ya zo. Masu tura fim a waya suka fara cewa in ba muryar Dabo ba ce, ba sa karɓa. In ya bi ta Bata, bakin kasuwar Sabon Gari, 'yan kasuwa su tare shi, sai ya yi musu muryar Baba Mai Lema kafin su bar shi ya wuce. Jama'a, kan mutumin nan ya kumbura, har hularsa ta so ta yi masa kaɗan.

Ya fara da cire sunan Boniface. Ya ce wai suna biyu sun yi wa kunne yawa.

Wata rana kuma ya je shagon, ko zama bai yi ba, ya ce, “Oga Boni, ka huta da rubutun nan haka. Ni yanzu na san Baba Mai Lema fiye da matarsa. Da ya motsa baki na san abin da zai ce. Kuma wannan shirun naka na jan biro, mutane barkwanci suke so, ba zaman makoki ba.”

Boniface ya ajiye sukundireba, ya dube shi, ya ce, “Dabo, bakinsa kake gani. Ni abin da ya faɗa nake gani. Amma Allah ya ba da sa'a.”

Shekara uku Dabo yana zuba abin da ya ga dama. Duk inda aka yi shiru, ya cusa wasa. Ana dariya, ana saye, shi kuma yana ganin ya gama da duniya.

Har aka zo wani fim da Baba Mai Lema ya tsaya a bakin ruwa yana magana da maƙwabcinsa. Dabo ya ga kwale-kwale, ya ga raga, sai ya mayar da zancen rigimar kifi: “Wallahi tarwaɗar nan tawa ce, na san ta da gemunta!”

Ashe mutumin cewa yake yi ruwa ya cinye 'yarsa.

Wani ɗalibi ya haɗa na asalin da na Dabo gefe da gefe, ya fassara Turancin, ya watsa. Kafin kwana biyu babu wayar da abin bai shiga ba. Mutane suka ji kunyar dariyar da suka yi, suka huce a kan Dabo. Alhaji Abdulrauf, mai situdiyon, ya kira shi ya ce ya ɗan huta tukuna. Kowa ya san ma'anar wannan hutun.

Wata takwas babu wanda ya neme shi. Ya karɓi adaidaita sahun wani yana ja. Amma da ya buɗe baki ya ce “Bata, Sabon Gari,” sai fasinja ya leƙo: “Kai! Ba Mai Tarwaɗa ba ne?” Har ya daina magana, ya koma nuni da yatsu. Mutumin da murya ce abincinsa, ya koma tsoron muryarsa.

Ranar da 'yarsa Zulfa ta dawo daga makaranta tana kuka, an ce mata 'yar Mai Tarwaɗa, Dabo ya shige ɗaki ya rufe. Matarsa Bintu ta ji shesshekarsa ta bayan ƙofa.

Ana cikin haka labari ya zo: Baba Mai Lema ya rasu. Ya bar fim ɗaya na ƙarshe, kuma a cikinsa ne, karo na farko a rayuwarsa, ya fito a jarumi.

Ran Litinin da safe Dabo ya isa situdiyo, ya durƙusa a gaban Alhaji Abdulrauf.

“Alhaji, ka rufa min asiri. Shekara goma sha biyu ni ne muryarsa. Kada a binne shi da muryar wani.”

“Na riga na yi wa Khalifa magana ya yi masa muryar,” in ji Alhaji. “Shi aƙalla yana bin takarda.”

“Zan bi, Alhaji. Wallahi zan bi. In wannan ya wuce ni, na gama. Babu wanda zai sake buɗe min ƙofa a garin nan.”

Alhaji ya ce, “Ka kawo min fassara a rubuce, layi-layi, irin ta da, kuma daga wurin mutumin da ka sani na sani. Ran Alhamis da hantsi. In ta wuce, kada ka sake zuwa.”

Dabo ya nufi Sabon Gari. Ya tarar shagon gyaran ya zama na sayar da takalma. Aka yi masa kwatancen gida.

Veronica, matar Boniface, ita ya tarar a tsakar gida tana tsince wake. Ta ɗago, ta ƙare masa kallo daga sama har ƙasa.

“A'a! Yau manyan baƙi ne da mu? Hanya ka ɓata?”

“Maman Amarachi, don Allah ki yi haƙuri. Oga Boni nake nema.”

“Yanzu ka tuna da shi? Lokacin da yake kwance asibiti ina kake? Shiga, shiga ka gan shi. Kai ka gan shi dai.”

Boniface yana zaune a kujerar roba kusa da taga, ya rame. Dabo ya yi sallama. Boniface ya juyo, amma ba inda Dabo yake tsaye ya kalla ba.

“Dabo ne,” ya ce, yana murmushi. “Wannan muryar ko a kasuwa na ji ta ba za ta ɓace min ba.”

Ciwon suga ya cinye idanun. Shekara ɗaya ke nan ba ya ganin ko tafin hannunsa.

Dabo ya zube a ƙasa. Idanun da za su karanta masa Turancin, su ne babu. Ya riƙe ƙafar Boniface yana kuka kamar ƙaramin yaro, yana cewa, “Na cuce ka, na cuci kaina. Na zo a makare, Oga Boni. Shi ke nan, tawa ta ƙare.” Da ƙyar ya iya faɗin abin da ya kawo shi.

Boniface ya lalubo kafaɗarsa ya dafa. Sannan ya ɗaga murya: “Vero! Zo ki karanta mana.”

“Ni? In rufe rumfata kwana uku saboda wannan?”

“Ba saboda shi ba. Fim ɗin Baba na ƙarshe ne, kuma ba zan gan shi ba. Ina so in ji shi daidai.”

Veronica ta yi tsaki har sau biyu, amma ta ɗauko tabaronta.

Haka suka yi. Ita ta karanta Turancin da ƙarfi, Boniface ya juya shi zuwa Hausa, Dabo ya rubuta a littafi a kan gwiwarsa. Tun safe har la'asar. In Dabo ya ƙara ko kalma ɗaya tasa, Veronica ta buga tebur: “Ba haka ya ce ba, Malam!”

A rana ta biyu, suna shan ruwa, Boniface ya ce, “Ka san na taɓa karanta tarihin dattijon nan? Shekarunsa goma na farko, ba muryarsa ake ji a fim ba. Sun ce tasa ta yi kaushi, wani ne yake yi masa. Ranar da aka ba shi lambar yabo, sai da ya sauka ya kamo hannun mutumin nan ya hau da shi, ya buɗe lemarsa ya riƙe masa a ka.”

Dabo ya ajiye ruwan, ya sunkuyar da kai.

Ran Laraba da yamma suka iso ƙarshen fim. Veronica ta daina karatu.

“An ɗauke wuta ne?” in ji Boniface.

“A'a, babu rubutu ne,” ta ce.

“Dabo, me yake yi?”

“Yana zaune a bakin ruwa, inda suka saba zama da matarsa kafin ta rasu. Ana ruwan sama. Ya buɗe lemar, ya ajiye ta a kan wurin zamanta. Shi kuma ruwa yana dukansa.”

“Ɗauki jan biro.”

Hankalin Dabo ya tashi. “Oga Boni, minti huɗu ne fa cur! Mutane za su ce wayarsu ce ta lalace. Alhaji zai ce na manta aiki. Bari in sa ko addu'a ce, ko 'yar magana ɗaya.”

“Ya yi magana?”

“Bai yi ba.”

“To kai wane ne?”

Dabo ya ɗauki jan biro ya rubuta: “Nan a yi shiru.”

Ran Alhamis da hantsi ya tsaya gaban makirfo, Alhaji Abdulrauf yana zaune a bayan gilashi. Komai ya tafi daidai har aka zo wurin lemar. Dabo ya rufe baki.

Minti ɗaya. Alhaji ya ɗaga hannu yana yi masa alamar ya yi magana. Minti biyu. Alhaji ya miƙe tsaye. Zufa ta jiƙe wa Dabo riga. Maganganu har guda goma suka zo masa kan harshe, kowacce za ta sa a yi dariya, ya san kuma abincin 'ya'yansa ne yake kallo yana shirin suɓucewa. Ya cije leɓe ya kafa ido a kan jan rubutun.

Da ya ɗago, Alhaji ya koma ya zauna, ya daina kallonsa, allon yake kallo. Da fim ya ƙare, Alhaji ya cire tabarau ya goge ido da bakin rigarsa, ya ce, “Ya tuna min da mahaifina. A bar shi haka, kada a taɓa komai.”

Ranar da fim ya fita, Dabo bai tsaya jin abin da gari zai ce ba. Sabon Gari ya nufa, ya sa wa Boniface wayar a tafin hannu, ya kunna. Muryarsa ta fito:

“Fassarar Boniface na Sabon Gari da maiɗakinsa Veronica. Ni Dabo, murya kawai na ara musu.”

Veronica ta juya baya, wai wake za ta duba.

Boniface ya ce, “Mayar da shi baya.”

“Ba ka ji ba ne, Oga?”

“Na ji. Shekara huɗu rabona da jin sunana a fim. Mayar.”

Dabo ya mayar. Har da rubuta sunan ya sa aka yi da manyan baƙaƙe a kan allo, yana kallon su suna wucewa a gaban idanun da ba za su taɓa karanta su ba. Sau biyar ya mayar, kowane karo hawayensa na ɗiga a kan wayar.

Darasi: Duk wanda ka ji ana tafa masa, akwai wani a bayansa da ba a gani. Kada ka goge sunan wanda ya ɗaga ka, kuma kada ka jira sai ka faɗi kafin ka koma ka gode masa, domin kana iya samun yafiya amma ka tarar wani abin ya riga ya tafi har abada. In akwai wani Boniface a rayuwarka, kira shi yau. Ku tura wa 'yan uwa, wataƙila wani ya tuna da nasa.