Ranar da Matattu Suka Ƙi Faɗuwa

Ya 'yan uwa, an yi wani mutum a birnin Kyoto, zamanin da majigi bai fara magana ba. Ba zan faɗi sunansa ba, don ko a can yau babu mai tuna shi.

Da yunwa ya zo gidan shirya majigi, aka jefa shi cikin masu mutuwa. Aikinsu ke nan: jarumi ya kaɗa takobin gora a iska, su kuma su ƙame, su zare ido, su zube. In sun faɗi da kyau, sai 'yan kallo su ce jarumi ya iya sara.

Shugabansu wani tsoho ne, Genzo, wanda tun a dandalin wasa yake mutuwa sau goma a yini. Shi ya koya wa mutumin namu faɗuwa. Shi yake raba dunƙulen shinkafarsa biyu ya miƙa masa rabi.

Allah ya ba mutumin namu kyan fuska. Cikin shekara biyu aka ɗauke shi daga ƙasa aka damƙa masa takobi. 'Yan mata suka shiga sayen hotonsa, kai kuma ya kumbura. Ya ce saran iska ba na manya ba ne, shi sai ya ji gora ta sauka a jikin mutum. Wannan ya fasa wa baki, wancan ya targaɗa masa yatsa. Rannan ya karya wa Genzo kafaɗa.

Tsohon ya ce, "Ɗana, yi a hankali. Takobin naka ne, amma ƙashin namu ne."

Ya ce, "Ɗan wa? Kai tsoho, gawa tana magana ne? Faɗi ka yi mana shiru!"

Bai tsaya nan ba, sai da ya sa mai gidan majigin ya sallami Genzo. Ina tambayar ku, wanda ya ciji hannun da ya ciyar da shi, da me zai gama?

Ranar babban wasa ta zo. Shi kaɗai zai kashe mutum talatin a kan matakalar wani tsohon gidan bauta. An gaya wa mai ɗaukar hoto ya yi ta juya hannun na'ura, kada ya tsaya ko me ya gani. Genzo ya zo kallo da hannu rataye a wuya, ya zauna kan dutse.

Jarumi ya zare takobi ya sari na farko. Na farko ya dubi Genzo, ya tsaya ƙyam. Ya sari na biyu, na biyu ya sosa ƙeya. Na uku har da hamma.

"Ku faɗi mana, 'yan banza!"

Wani ya ce, "Ranka ya daɗe, ai Baba Genzo ke ba mu alamar faɗuwa, kai kuwa ka kore shi."

Allahu Akbar! Mutum talatin a tsaye kamar turaku, na'ura tana ta juyawa. Ya haukace, ya yi kukan kura kansu, suka dare masa. Takalmin ciyawar da ke ƙafarsa ya zame, sai ga jarumi yana gangarowa matakala arba'in. Ya sa hannu zai tare ƙasa, abin da ake hana sabon shiga tun ranar farko. Hannu ya karye, ƙugu ya goce.

Genzo ya taso ya tsaya kansa, ya girgiza kai. Ya ce, "Haba ɗana! Ban ce maka a sa haɓa a ƙirji, a bar kafaɗa ta fara sauka ba?"

Mai gidan bai zubar da hoton ba. Ya kai shi gidan kallo, mai ba da labari da ke tsayawa gefen allo ya yi wa jarumi muryar akuya. Gari ya yi dariya har da riƙe ciki. Daga ranar ba a sake ba shi takobi ba. Da ya warke ya nemi komawa cikin masu mutuwa, aka ce masa gurgun ƙugu ba ya iya faɗuwa. Duka-duka shekara uku ya yi a harkar. Genzo kuwa, aka je har gida aka ba shi haƙuri, ya dawo ya ci gaba da mutuwarsa cikin girma har furfura ta rufe shi. Wallahi duk sanda na tuna, sai raina ya yi fari.

Ya 'yan uwa, girman kai rawanin tsiya ne. Duk wanda kuka gani tsaye ana tafa masa, akwai waɗanda suka yarda suka faɗi dominsa. Kai mai shago, kai shugaba, kai maigida, su wa ke faɗuwa don ka tsaya? Yaushe rabonka da gode musu?

Allah ya kiyaye mu da raina na ƙasa. Ranar da ƙafa za ta zame, Allah ya sa ba mu manta da wanda ya koya mana faɗuwa ba. Amin.