Gezar Gwadon Nomau

Ranar Laraba, sha bakwai ga watan girbi, da hantsi, ciwon warwara ya kama Nomau, babban masaƙin ƙasar Gulbin Toka. Ciwon da harshe yake farawa, sannan hannuwa, sannan sauran jiki ya yi ta saki kamar tsohon zare. Wanda ya kama ba ya wuce kwana bakwai.

Magani ɗaya aka sani, shi ne gwadon rai. 'Ya'yan mara lafiya ne kaɗai za su yi shi, a lulluɓe shi tun daga kai har tafin ƙafa. Duk wanda ya sa hannu a aikin sai ya rasa wani abu a jikinsa. Saboda haka ake barin geza uku a bakin gwadon, ta mai kaɗi, ta mai rini, da ta mai saƙa. Idan mara lafiya ya tashi, shi zai ɗaura wa kowa tasa kafin rana ta faɗi, abin da ya rasa ya dawo.

Nomau yana kwance a rumfa, ba baki, ba hannu, yana kallon 'ya'yansa uku.

Tambai, babbar 'yarsa, ta hau Dutsen Kaburbura ta tsinko audugar da ke tsirowa a can. Kwana biyu tana kaɗi, zaren yana shan jinin yatsunta. Ta gwada tsawon mahaifinta, ta auna zaren daidai, har da na geza, sannan ta ajiye mazari. Nomau ya san zare yana tsukewa idan ya sha shuni, shi ya sa tsofaffin masaƙa suke ƙara kamu uku. Bai taɓa gaya musu ba, yana ganin akwai lokaci. Ya yi ta ƙifta ido, Tambai ta ɗauka ƙishirwa ce. Ta nufi randa, amma moɗa ta faɗi daga hannunta. Hannayen sun mutu.

Jatau, na tsakiya, ya kai zaren tsohuwar marinar da aka daina shiga, domin shunin can ne kaɗai yake kama shi. Ya tsoma sau tara, tururin ramin yana cin idanunsa. Ya dawo yana laluben katanga.

"Yaya Tambai, zaren ya yi baƙi kuwa? Ni dai komai baƙi nake gani," in ji shi.

Ta ce, "Ya yi. Zauna kafin ka taka mini ɗa."

Jatau ya ji zaren ya ragu a hannunsa tun a bakin rami, amma bai faɗa ba, don kada ya karya musu zuciya.

Barmo, autansu, ya zauna a masaƙa. Ka'idar saƙar ita ce, duk jifan ƙoshiyar saƙa sai ya ambaci sunan wani da ya sani, sunan kuwa ya fita daga kansa ya shiga gwadon. Ya fara da mutanen kasuwa, ya gangaro kan maƙwabta da abokai. A rana ta bakwai aka gwada gwadon, sai ga ƙafafun Nomau a waje. Barmo bai shawarci kowa ba. Ya warware geza biyu ya ci gaba da saƙa, kuma sunayen da suka rage masa na cikin gida ne. Ya ba da na matarsa, da na 'yan'uwansa, da na mahaifinsa. Jifa na ƙarshe da nasa sunan ya yi.

Aka lulluɓe Nomau. Da azahar ya miƙe zaune, harshensa ya dawo. Ya duba bakin gwadon, ya ga geza ɗaya.

Tambai ta durƙusa ta ce, "Baba, ba zan ɓoye ba, ina so. Kwana biyar ban ɗauki jaririna ba."

Jatau, wanda gonarsa ce take ciyar da gidan, ya juya fuska wajen da ba kowa, ya ce, "Duk yadda ka yi, Baba."

Barmo kuwa ya gaishe shi da ladabi. "Sannu da jiki, tsoho. Gidan wane ne nan?" Matarsa tana tsaye a bayansa, bai waiwaya ba.

Nomau ya yanke gezar ya riƙe. Duk wanda aka ɗaura wa za ta warkar da shi, amma ba ta rabuwa, kuma ba a yi wa gida ɗaya gwadon rai sau biyu. La'asar ta yi, bai ɗaura wa kowa ba.

To, ku da kuke saurare, Tambai, ko Jatau, ko Barmo, wa ya kamata Nomau ya ɗaura wa gezar?