Abin da Barmo Ya Bar wa Kurmi

A zamanin da giwaye ke kiwo a inda kasuwarmu take ci yanzu, an yi wani mafarauci da ake kira Barmo. Mutumin arewa ne, daga wani ƙauye da fari ya addaba shekara uku a jere. Makaɗa suna yi masa kirari da "Barmo na Tarana, gagara ɓauna, mai kibiya ɗaya." Tarana matarsa ce. Ta rasu a shekarar fari ta biyu, ta bar masa 'ya a goye mai suna Kande, kuma tun daga ranar ba wanda ya ƙara ganin dariyarsa.

Da rijiyarsu ta ƙarshe ta ƙafe, sai ya ja gida goma sha bakwai suka nausa kudu. Kwana tara suna tafiya suna tsotsar saiwa, har suka iso bakin kurmin da muke kira Kurmin Ajiya. Tsofaffi sun ce kurmin nan yana ji, yana kuma sane da duk wanda ya taka shi, kuma daga gare shi kowane laƙani na ƙasar nan ya fito. Marke ke ba da layar zana, kuka ke ba da maganin dafi, tsamiya kuwa ita ta san inda ruwa yake kwance a ƙarƙashin ƙasa. Sai dai kurmin ba ya karɓar jan zakara ko baƙin bunsuru. Abin da mutum ke tunawa shi yake karɓa. Ka faɗa masa da bakinka, ya ajiye, kai kuma ka manta har abada. Gwargwadon nauyin abin da ka bayar, gwargwadon ƙarfin laƙanin da za ka fito da shi.

Barmo ya shiga da hantsi shi kaɗai, ya bar jama'a a bakin kurmi, yara ƙishi ya hana su ko kuka. Ya durƙusa gaban tsamiya. Mafarauci dai ba ya rabuwa da dabara, sai ya fara da ƙanana. Ya ba ta ranar da ya kada ɓaunarsa ta farko. Ganye ya motsa, raɓa ta ɗigo a tafinsa, wadda ko tsuntsu ba za ta ƙosar ba. Ya ba ta sunan karensa na ƙuruciya, ya ƙara da hanyar komawa ƙauyensu. Aka sami abin jiƙa harshe.

Sai murya ta fito daga cikin rassa, ta ce, "Ɗan Adam, mutum tamanin kake so in shayar. Ka san abin da ya kai nauyinsu."

Barmo ya ce, "Ranki ya daɗe, ki karɓi hannuna na dama."

Ta ce, "Me zan yi da hannu? Ga rassa sun yi mini yawa."

Ya san sarai abin da take so, wato tunanin Tarana. Ya daɗe a durƙushe har rana ta take, don duk duniya abin da ya rage masa ke nan. Sannan ya buɗe baki. Ya faɗi ranar da ya fara ganin Tarana tana sussukar gero, da wushiryarta, da yadda take tsokanarsa wai rowa ce ta sa yake harba kibiya ɗaya, da waƙar da take yi a kan dutsen niƙa. Yana faɗa yana kuka. Da ya kai ƙarshe ya shafa fuskarsa ya ji hawaye, ya rasa dalilinsu.

Saiwar tsamiya ta tsaga ƙasa ta miƙe har bakin kurmi. A inda ta tsaya suka haƙa gaba biyu, ruwa ya ɓuɓɓugo, ba wanda ya mutu. Makaɗi ya ɗauki ganga yana kirari, da ya zo kan "na Tarana" sai Barmo ya waiwayo ya ce, "Wace ce Tarana?"

Kuskurensa na mafarauta ne, masu ɓoye abin da ke ransu. Da ya fara zayyana wa wani kafin ya shiga, da an sami mai maimaita masa. Maƙwabta sun san Tarana irin sanin maƙwabta, wato doguwa ce, tana da kirki. Sauran duk yana kurmi.

Amma kurmin mai riƙon amana ne. Kullum da la'asar, idan iska ta kaɗa, akan ji waƙar niƙa tana fitowa daga cikin tsamiya da muryar mace. Barmo ya zama sarkin garin, ya yi furfura, bai fasa zuwa bakin rijiya ya zauna yana saurare ba. Kewa tana cinsa, kewar wadda bai san fuskarta ba. Da Kande ta girma ta tambaye shi kamannin innarta, nan ya kawo ta, ya ce, "Saurara. An ce ita ce."

Wata rana ya tambayi Iya Delu, tsohuwar da ta rage cikin waɗanda suka yi ƙaurar, ya ce, "Iya, ki gaya mini gaskiya. Na so ta kuwa?"

Tsohuwar ta nuna rijiyar da sandarta, ta ce, "Ɗan nan, shekara talatin ke nan, ka taɓa ganin ta ƙafe?"

Rijiyar tana nan gabas da gari, har yau ana ɗiba. Kuma har yau ba mai shiga Kurmin Ajiya neman laƙani shi kaɗai. Sai ya fara zama a bakin rijiyar Barmo da wani nasa, wanda ake kira mai riƙo, ya faɗa masa duk abin da zai bayar, don in ya fito ya sami mai ba shi labari.