Inna Mai Wanki Ta Ƙi Dangwala Yatsa

Akwai wata dattijuwa mai wanki a wani otal. Shekara goma sha tara ta yi a ɗakin wanki na ƙasa, inda tururi ke jiƙa mutum tun kafin ya taɓa ruwa. Kowa Inna yake ce mata. Ba ta yi boko ba, amma hannunta ya san yadi.

Wata safiya zannuwan gado talatin suka fito daga inji sun yi rawaya, da an ja sai su kece. Sabon manaja ya aika a kira ta.

Ta hau bene tana dafa gwiwa. Ta tarar har an buga takarda, ga tawada a gefe.

"Dangwala nan, Inna. Sauri nake."

"Me aka rubuta?"

"Ƙa'ida ce kawai."

"To karanta min ƙa'idar, ɗan nan. Gwiwa ce ta lalace, kunne lafiya lau."

Ya ja tsaki ya karanta. Wai ta amsa sakacinta ne ya ɓata kaya, kuma ta ajiye aiki don kanta. Da irin wannan takarda ba inda za a sake ɗaukarta aiki, ga jikoki uku a wuyanta.

Ta gaji, gajiyar da har ta ji kamar ta dangwala ta tafi ta kwanta. Sai ta mayar da hannunta baya.

"Ba zan sa ba. A rubuta laifina a ba ni. A sa rana a ji ta bakina, in zo da wanda zai zauna kusa da ni. Kuma kai da ka kawo ƙara ba kai za ka yanke hukunci ba."

"Wa ya kitsa miki wannan?"

"Na ga an kori mutum shida a ofishin nan. Su suka kitsa min."

Aka dakatar da ita kwana uku. A gida 'yarta ta ce, "Inna, ki haƙura mana, ba a ja da manya." Ta ce, "Ke dai miƙo min man zafi."

Ranar zama, mai otal ɗin da kanta ta zo. Mai gugan otal ɗin, wanda Inna ta zo da shi, ya zauna gefenta. Inna ba ta yi dogon bayani ba. Bokitin ruwa ta ajiye da farin ƙyalle, ta ce mai sito ya kawo jarkar bilic da aka ba ta a makon.

Jarka ta zo, ko suna babu a jikinta. Inna ta auna murfi ɗaya, yadda ta saba, ta tsoma ƙyallen. Aka zuba ido. Ba a jima ba ya yi rawaya. Ta miƙa wa mai otal, tana ja ya kece.

Mai sito ya sunkuyar da kai. "Manaja ne ya kawo da kansa. Ya ce wannan ya fi araha."

Mai otal ta juya wajen manaja a fusace. "Tattara kayanka yanzu!"

Inna ta ce, "A'a, ranki ya daɗe. Shi ma a sa masa rana a ji ta bakinsa. In aka kore shi a tsaye yau, gobe mai guga za a yi wa."

Mai otal ta amince. Aka sa wa manaja rana, aka yaga takardar Inna. Ba wanda ya tuna ya ba ta haƙuri.

Ta ɗauki bokitinta ta sauka bene a hankali. Wankin kwana uku na can jibge yana jiranta.

Darasi: Kada ka sa hannu a takardar da ba ka san abin da ke cikinta ba, ko wa ya miƙo maka. Haƙƙin ma'aikaci ne a faɗa masa laifinsa, a ba shi lokaci, a saurare shi gaban wanda ba shi da hannu a maganar. Kuma haƙƙin nan har wanda ya cuce ka yana da shi. Ku tura wa duk ɗan'uwan da ke aiki ƙarƙashin wani.