Marin da Ya Kashe Tauraruwar Wahiba

A zamanin da finafinan Alƙahira ke tashe, babu gidan da ba a san Wahiba Sirri ba. Allah ya ba ta murya, ya ba ta kyau. Idan ta yi kuka a fim, sai ka ga mata sun fito daga silima idanu jajur. Amma mace ce mai girman kai da baƙar zuciya, ba ta ɗauki kowa a bakin komai ba. Mahaifinta, marigayi Mansi, wake yake dafawa yana sayarwa a kan amalanke a unguwar Shubra. Da ta yi suna sai ta sauya sunan uba, ta riƙa gaya wa 'yan jarida wai ita jikar wani babban basarake ce.

Yayanta Abdul Wadud shi ya koya mata waƙa tun tana 'yar ƙarama, shi ya fara kai ta gidan rediyo, kuma shi ne mai kaɗa mata molo a cikin makaɗanta. Duk da haka ta kafa masa doka, sai dai ya riƙa ce mata Sitti, wato uwargida.

"A wurin aiki ni Sitti Wahiba ce," in ji ta. "In na ji ka ce mini ƙanwata, ka bar aikin nan."

Ya haɗiye maganar, don yana da iyali, kuma yana sonta.

A wurin ɗaukar fim kuwa, kowa ya ɗanɗana kuɗarsa. Ta watsa wa mai kwalliya shayi, ta zagi mai fitila, ta jefi abokin wasanta da takalmi. Darakta, Ustaz Fikri, sai dai ya daka tsawa, "A dakata!" Daga baya a sa almakashi a yanke ɓarnar, jama'a su ga Wahiba mai murmushi da sanyin murya.

Ana nan sai talabijin ta shigo ƙasar. Aka gayyaci Wahiba ta yi waƙa kai tsaye ranar wata Alhamis da yamma. Ustaz Fikri, wanda aka ba aikin tsara shirin, ya je har gida ya same ta.

"Sitti, ki zo a yi gwaji. Wannan ba fim ba ne. Abin da kika yi, shi mutane za su gani a lokacin. Babu yankewa, babu sakewa."

"Ni za ka koya wa tsayuwa gaban kyamara?" ta ce tana hararar sa. "Lokacin da nake tara jama'a kai kana ɗaukar wa mutane kujera. Gwaji na 'yan koyo ne."

Ranar ta zo. Masu shagunan shayi suka ɗora akwatunan talabijin a kan tebur, mutane suka cika tituna, har da 'yan Shubra da suka san ta tun tana yawo ba takalmi. Wahiba ta fito cikin doguwar riga mai walƙiya, ta rera baitin farko, aka yi tsit. Da aka zo baiti na biyu sai kalmomin suka ɓace mata. Ta tsaya baki buɗe.

Abdul Wadud ya gane. Ya maimaita kiɗan don ya rufa mata asiri, ya ɗan sunkuyo yana raɗa mata farkon baitin. Ita kuwa sai kunya ta rikiɗe mata ta zama fushi. Ta juya ta nufe shi, ta ɗauke shi da mari, har molon ya faɗi ƙasa.

"Jaki! Kai ka ɓata kiɗan! Me ɗan mai dafa wake ya sani game da waƙa? Koma bayan amalanken ubanka!"

Abdul Wadud ya miƙe a hankali, hannunsa a kumatu.

"Wahiba, marin da kika yi mini na yafe. Amma mai dafa waken nan ubanki ne. Da amalanken nan ya ciyar da ke. Yana kabari, ki bar shi ya huta."

Kafin ma'aikata su kashe kyamara, duk Alƙahira ta gani, ta ji.

Washegari aka wayi gari an shafe hotunanta na bango da taɓo. A silima, da zarar fuskarta ta bayyana sai ihu ya tashi: "Sitti, nawa ne kwanon wake?" Ba talaucin ubanta ya ɓata wa mutane rai ba, don mafi yawansu da wake suke karyawa. Zagin mamaci da marin babban wa ne suka kasa haɗiyewa. Masu shirya finafinai suka janye ɗaya bayan ɗaya.

Wahiba ba ta ga laifinta ba. Ta zagi talabijin, ta zagi 'yan jarida, ta ce Ustaz Fikri ne ya haɗa mata tarko. Daga ƙarshe ta shiga mota ta tafi Shubra, ba don ta roƙi gafara ba.

"Za ka je ka gaya wa 'yan jarida cewa wasa ne muka shirya," ta ce wa yayanta tana tsaye a bakin ƙofa. "Ka ce ba ni da haɗi da kai."

"Ki shigo ki zauna mu yi magana," in ji shi. "Amma ba zan ƙara yi wa Baba ƙarya ba."

"To, Allah ya isa tsakanina da kai! Kai ka kashe ni!"

Ta juya, ba ta sake taka unguwar ba.

Shekaru suka shuɗe. Aikin ya ƙare, muryar ta dishe, ƙawayen daɗi suka watse. Abdul Wadud ya ci gaba da kaɗa wa wasu mawaƙa molo har ya tsufa. Ran da ya rasu, Wahiba ba ta ji ba sai bayan an binne shi. Ta lulluɓa baƙin mayafi ta je gidan makoki, ta raɓe a gefe tana kuka. Wata tsohuwa ta tambayi matar marigayin, "Wannan fa, wace ce?"

Matar ta dube ta sama da ƙasa, ta kau da kai.

"Wata ce da marigayi ya taɓa yi wa aiki."

Darasin da ke cikin wannan labari shi ne, ɗaukaka aro ce, mai ita yana karɓar abarsa ran da ya so. Wanda ya ji kunyar iyayensa, ya taka waɗanda suka ɗaga shi, ya sani cewa mugun hali ba ya ɓoyuwa har abada, komai yawan masu rufa masa asiri. Kuma idan ka yi kuskure, ka nemi gafara tun wanda ka ɓata wa yana da rai.