Talotalo da Farantin Sola

An yi wani Talotalo mai ji da kansa a gidan Iya Tabawa, a wani ƙauye na kan dutse inda sanyi ke ratsa ƙashi. Akurkinsu ɗaya da Kaza mai haƙuri da 'yan tsakinta tara, da Agwagwa mai bakin tsiya.

Da sanyi ya matso, Iya ta sa aka kafa farantin sola a kan rufin akurkin. Farantin ya wuni yana shan rana, da yamma kuma ya kunna wani ƙwan lantarki mai ɗumama ɗakin. 'Yan tsaki suka daina makyarkyata.

Wata rana Talotalo ya haye rufin, ya leƙa farantin, sai ya ga fuskarsa tana sheƙi.

"Kai! Ashe haka nake da kyau?" Ya baje jela, ya rufe farantin ruf.

"Malam, sauko mana!" in ji Agwagwa. "Ka tare mana rana!"

"Madubina ne. Don wa kike tsammani aka saye shi? Don ke mai tafiya kamar an ɗaura miki tulu?"

"Madubin ƙaniyarka!"

Kaza ta ce a hankali, "Yaya Talotalo, don Allah ka matsa gefe. Abin nan ne ke ɗumama yarana."

"Ki rufe su da fiffike. Ba aikinki ke nan ba?"

Haka ya wuni yana juyi, har kashi ya yi a kai.

Da magariba ƙwan ya kawo wuta, ya yi ƙyaf-ƙyaf, ya mutu. Kaza ta tattara tsaki biyar ƙarƙashinta. Agwagwa, tana mita, ta rungume huɗun.

Talotalo fa? Wuyansa babu gashi ko ɗaya. Ya cusa shi nan, ya cusa shi can, sanyi na bin sa.

"Ku ɗan matsa mini," ya ce, baki na rawa.

"Je ka rungumi madubinka," in ji Agwagwa.

Da gari ya waye ya buɗe baki zai yi kukansa na ƙasaita, sai aka ji "ƙiiit," kamar tsohuwar ƙofa. Mura ta shaƙe shi. Iya Tabawa ta ga kashi a kan faranti, ta goge, sannan ta ɗaure ƙafar Talotalo a gindin turmi, inda ba abin kallo sai ƙasa.

Darasin wannan labari shi ne, abin da aka kafa don amfanin kowa, kada girman kai ya sa ka mayar da shi naka. Idan ka tare wa mutane rana, kai ma sanyin ba zai bar ka ba.